Neman shawara: an ƙara wa'adin rajista, sai aka ce shekaruna sun wuce

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Wata hukumar gwamnatin tarayya ta fitar da sanarwar ɗaukar ma'aikata, ta ce kada mai nema ya wuce shekara 30 a ranar rufe rajista. Na cike fom tun makon farko, ina da 30 cif. Da shafin ya yi ta sarƙewa saboda cunkoso, suka ƙara mako biyu, a cikin makonnin nan kuma na cika 31. Na zauna jarrabawar kwamfuta na ci, aka kira ni tantancewa. Jami'in ya ɗora yatsa a kan ranar haihuwata, ya ja layi da jan biro, ya turo mini fayil ɗina ya ce, "Ka wuce, na gaba." Ko zama ban yi ba. Yajin aikin ASUU na 2020 da na 2022 sun cinye mini kusan wata 17, ga mahaifiya da ƙanne suna jira. Wace rana ce doka ta sani, ta farko ko ta ƙarin? In tafi kotu?

Wani ɗan ƙungiya: Wa alaikumus salam. Malam, ka je kotu ka yi takardar rantsuwa ka rage shekara biyu, ka jira wata damar. Haka kowa ke yi.

Wani dattijo, tsohon ma'aikaci: A'a ɗana, kada ka soma. Rantsuwar ƙarya ce, haram ce, kuma laifi ce a doka. Ranar haihuwarka tana NIN, tana BVN, tana takardar WAEC. Na ga wanda aka kora bayan ya daɗe yana aiki saboda ranakun haihuwa biyu mabambanta a fayil ɗinsa. Kai da kake da gaskiya a hannu, don me za ka ɓata ta?

Wata lauya: Ƙanena, sannu, abin da ciwo. Maganarka tana rataye ne a kan takardu biyu, sanarwar farko da ta ƙarin wa'adi. Idan ta biyun cewa kawai ta yi an ƙara lokacin rajista, ba ta taɓa batun shekaru ba, kana da hujja: ka nema a lokacin da ka cancanta, kuma ƙarin da aka yi don sauƙaƙa wa mutane bai kamata ya zama dalilin fitar da wanda ya riga ya shiga ba. Su kuma za su ce "ranar rufewa" ita ce ranar da aka rufe a zahiri. Nan ne gardamar take.

Kada ka gina ƙararka a kan wariya. Sashe na 42 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ambaci ƙabila, asali, jinsi, addini da ra'ayin siyasa, bai ambaci shekaru ba. Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce ke da hurumin rigingimun aiki a ƙarƙashin sashe na 254C, tana zama a Kano da Kaduna da Abuja, amma ka shirya jin lauyoyinsu suna cewa ba a ɗauke ka ba tukuna, babu yarjejeniya tsakaninku. Abin da ya fi damuna lokaci ne. Dokar kare jami'an gwamnati ta ba da wata uku kacal a shigar da ƙara. Kotuna sun sha saɓani kan ko ta shafi batun aiki, don haka ka ƙirga daga ranar da aka ja jan layin nan, kada wata ukun su cika kana zaune. In aka raba guraben kuma, ko ka yi nasara samun kujerar zai yi wuya.

Yau ka rubuta ƙorafi ga shugaban hukumar, a buga maka hatimin karɓa a kwafinka. Ka haɗa da buƙata a ƙarƙashin dokar 'yancin samun bayanai ta 2011, su faɗa maka a rubuce ranar da suka yi lissafi da ita. Kwana 7 doka ta ba su.

Wani da ya yi karatu a Indiya: Barista ta gama magana. A Indiya irin wannan shari'a ba ta ƙarewa, har kotun ƙolinsu ta jera ƙa'idar ranar da ake lissafin cancanta da ita: ranar da dokar aikin ta sa, in babu sai wadda ke cikin sanarwa, in babu sai ranar ƙarshe ta karɓar fom. A Nuwamban 2024 alƙalai biyar suka yanke cewa ba a sauya sharuɗɗan cancanta bayan an fara ɗauka, sai in dokar aikin ko sanarwar ta ba da dama. Bai zama dole a kan alƙalanmu ba, amma lauya zai iya kafa misali da shi.

Dattijon: In kuɗin lauya ne matsala, ka je Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafen Jama'a, tana da ofis a kowace jiha, kyauta ne. Sai dai ba ta karɓar maganar da ke gaban kotu, ka san wadda za ka fara.

Mai tambaya: Allah Ya saka da alheri. Baba, na ji, ba zan taɓa shekaruna ba. Barista, na samo hoton sanarwa ta biyu a wayata, layi uku ne, babu maganar shekaru ko kaɗan. Ina da takardar rajista mai ɗauke da ranar da na cike fom. Yau kwana 19 da tantancewar. Zan turo miki abin da na rubuta ki duba kafin in kai ranar Litinin.