Daga Aji Zuwa Majalisa: Musayar Waƙa a Kan Wangari Maathai

Malamin Gwammaja:
Assalamu alaikum. Zafin bazarar bana a Kano ne ya tuno mini da Wangari Maathai (1940 zuwa 2011), masaniyar ilimin halittu 'yar Kenya da ta zama 'yar majalisa. Ga buɗi. Amsa-amonmu "ya" ne, wanda ya karya shi goro na kansa.

Da sunan Allah nake farawa,
Mai rayar da busasshiyar bishiya.
Salati ga Manzo, sannan in waiwaya
Ga labarin wata mata a Kenya.
A yankin Nyeri aka haife ta,
'Yar manoma, mai sammakon safiya.
Ta je Amurka neman karatu,
Ta dawo da guzurin kimiyya.
A 1971 ta yi digirin digirgir,
A Jami'ar Nairobi, bayan shan wuya.
Gabas da tsakiyar Afirka kakaf,
Ba macen da ta riga ta ko ɗaya.
Jikin dabba take koyarwa,
Ƙashi da tsoka da jijiya.
To me ya fid da ita daga aji
Ya kai ta siyasa? Ga tambaya.

Ɗalibar Bayero:
Allah ya gafarta Malam, ga 'yar tawa, a yi mini gyara.

Matan karkara suka kawo kuka,
Ba itacen girki, ga nisan rijiya.
Rafi ya ƙafe, ƙasa ta zaizaye,
Yara na fama da rashin lafiya.
Ta ce iyaye, maganin na hannunku,
Kowacce ta tona ta dasa ɗaya.
A 1977 aka sa hannu,
Dashe bakwai, ranar muhalli ta duniya.
In dashe ya kama a ba mace ɗan kuɗi,
In ya bushe kuwa babu biya.
Bakwai ɗin nan su suka hayayyafa,
Fiye da miliyan 30 na bishiya.

Alhajin Kurmi:
'Yata kin yi ƙoƙari, amma ba ki amsa Malam ba. Duk wannan kafin kujera ne. Mu da muka ga jiya muka ga yau, ga abin da muka sani:

Mun ga likita, mun ga farfesa,
Sun yar da alli sun bi jam'iyya.
Ranar kamfe su zo har rumfa,
Da atamfa da sabulu da taliya.
Su hau kujera gilashi ya rufe,
Mu sai shan ƙura daga baya.
Mai ilimi in ya shiga majalisa,
Gishiri ne ya faɗa rijiya.
Ita ma da ta tsaya kan dashenta,
Da ta huta da hayaniya.

Ɗalibar Bayero:
Baba a yi haƙuri, wannan ba a sama ta tsinci kujerar ba.

A 1982 ta ajiye aiki
Don takara, aka toshe hanya.
Ta koma jami'a suka ce a'a,
Har gidan ma'aikata ta kwashe kaya.
A 1989 gwamnatin Shugaba Moi
Ta yi wa filin Uhuru mugun aniya.
Bene hawa 60 za a kafa
A inda talaka ke sauke gajiya.
Ta yi ta rubutu, ta ƙi yin shiru,
'Yan majalisa na ta dariya.
Taron zawarawa suka kira ƙungiyarta,
Amma masu kuɗin ginin suka ja da baya.
Dajin Karura, 1999,
An fasa mata kai saboda bishiya.
Zauren da aka yi mata ba'a, Baba,
Can ta zauna daga baya.
Zaɓen 2002, mazaɓar Tetu,
Kashi 98 cikin ɗari ɗaya.

Alhajin Kurmi:
Madalla. To ƙarasa mana, ko in ƙarasa miki?

Mataimakiyar minista suka ba ta,
Ba babbar ba, ki faɗi gaskiya.
Kyautar Nobel ta zo mata a 2004,
Don dashe ne, ba don jam'iyya.
A 2007 mutanen Tetu
Suka kayar da ita ba kunya.
Wadda duniya ke wa tafi,
Gida ya ce mata sauka lafiya.

Hajiyar Fagge:
Tun ɗazu nake karantawa ina tuƙa tuwo. Alhaji, kai da 'yarka ku baro Kenya haka nan, ku leƙo gida.

Unguwanninmu sunan itace ne,
Kurna, Ɗorayi, Durumin Iya.
Je Giginyu ka ƙirgo giginya,
In ka cika kwando ni zan biya.
Buhun gawayi na shigowa kullum,
Kowane buhu gawar bishiya.
Kududdufi an cike an yi shago,
Damina ta zo, ruwa ba hanya.
Badala da kakanni suka ɗora,
Ana yankanta kamar tsire a tukuba ɗaya.
Masani ya auna ya rubuta,
Takarda ta kwanta ta sha ƙura a ajiya.
Mai hana sara sai mai doka,
Ko da Tetu ta juya mata baya.
In masani ya ƙi kujerar nan,
Dillalin filaye ne zai saya.

Alhajin Kurmi:
Hajiya, Allah ya bar mu da ku. Wannan tuwon da gawayi kike tuƙa shi ko da gas?

Kin kama ni dumu-dumu a hannu,
Gawayin nan ni ma nakan saya.
Darbejiya biyu zan dasa bana,
Amma fa ba ni zaɓen farfesa.

Malamin Gwammaja:
Alhaji, "farfesa" ba ta ƙare da "ya" ba. Goro na kanka, fari ba ja ba, a aiko Gwammaja bayan La'asar. Hajiya, ba ki amsa maganar gas ba.