Neman shawara: rajistar aure da 'yar Turkiyya, ta ina zan fara?

Ɗalibin Injiniya: Assalamu alaikum iyayena da yayyena. Ina karatun digiri na biyu a Turkiyya, mun daidaita da wata Baturkiya, kuma iyayenmu duka sun sa albarka. Da muka je sashen ɗaura aure na ƙaramar hukuma, an ce in kawo fasfo da fassararsa, da takardar haihuwa, da rahoton likita, da hotuna, da takardar shaidar cewa ba ni da aure a ƙasata. Wannan ta ƙarshe ce ta tsaya mini. Fasfon Najeriya gare ni, kuma izinin zamana zai ƙare da kammala karatu. Shin in koma gida in nemo ta da kaina, ko in wakilta yayana? Sannan akwai matsala idan liman ya ɗaura tukuna, rajista ta biyo baya?

Abu Safwan: Allah ya sanya alheri. Ni a Masar na yi nawa, kuma can auren baƙo da 'yar ƙasa a ofishi na musamman da ke ƙarƙashin ma'aikatar shari'a ake rajistarsa. Ka tanadi haƙuri mai yawa da kwafin kowace takarda.

Maman Yasmin: Ƙanena, don Allah kada ka bari a ɗaura a gaban liman a ce rajista daga baya, domin wannan "daga baya" ita ce ta rusa ni. Marigayi mijina Baturke ne, mutumin kirki, liman ya ɗaura mana aure da shaidu, ya ce za mu je ƙaramar hukuma idan takarduna sun iso. Takardun suka iso da kuskure a ranar haihuwata, aka mayar, kafin a gyara wa'adin ɗayar ya wuce, muka yi ta ɗagawa har na haihu. Allah ya sa ya je ya amsa a hukumance cewa 'yar tasa ce, ita ta samu sunansa da gadonsa. Da ya rasu a haɗarin mota, sai lauya ya faɗa mini cewa a idon doka ni ba matarsa ba ce, ba ni da gado, ba ni da hakkin fansho, kuma ba ni da izinin zama na iyali. Danginsa da muke cin abinci tare suka canza makullin gida kafin in gama takaba. Har yau ina da takardar da limamin ya rubuta da hannunsa, babu ofishin da ya taɓa karɓarta.

Hajiya Umma: Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Allah ya jiƙansa, ya raya marainiya. 'Yata, ba ki kai ƙara ba?

Maman Yasmin: Na kai, Hajiya. Hakkin yarinya kawai aka iya ƙwatowa.

Tsohon Tafinta: Abin da ya faru da baiwar Allah nan shi ne hukuncin dokar. Tun 1926 Turkiyya ba ta amincewa da aure sai wanda jami'in gwamnati ya ɗaura. A 2017 an ba muftai ikon ɗaurawa, amma a matsayin jami'an rajista, da takardun nan dai da aka lissafa maka. Game da tambayarka, Najeriya ba ta cikin yarjejeniyar Hague ta 1961, wadda ke sa hatimi guda mai suna afostil ya wadatar, saboda haka takardarka sai ta bi matakai: a fitar da ita a gida, ma'aikatar harkokin waje a Abuja ta tabbatar, ofishin jakadancin Turkiyya ya buga nasa hatimin, sannan rantsattsen tafinta ya fassara, ofishin noter, wato jami'in da hukuma ta ba ikon tabbatar da takardu, ya tabbatar da fassarar. Kafin ka sayi tikiti, tambayi ƙaramar hukumar ko za ta karɓi wasiƙa daga ofishin jakadancin Najeriya a Ankara, ka kuma tambayi wa'adin kowace takarda. Fassara da noter lokacin da nake aikin ba sa wuce lira 300 a shafi.

Ɗan Kasuwa: Lira 300 a ina, Malam? Ni na biya sama da 2,000 a shafi ɗaya na fasfo. Ango, ka ci gaba da karatu abinka, kafin hatiman nan su cika ka gama digiri na uku.

Tsohon Tafinta: Dukanmu gaskiya muka faɗa. A Oktoban 2022 hauhawar farashi a ƙasar ta haura kashi 85 cikin ɗari, don haka farashin shekarun baya ba ma'auni ba ne.

Ɗan Kasuwa: Shi ya sa nake ganin wanda ya bar ƙasar da jimawa bai kamata shawararsa ta zama abin dogaro ba. Ni wani dillali na ba kuɗi ya gama mini komai ba tare da na taka Abuja ba.

Tsohon Tafinta: Alhaji, farashi ne ya canza, dokar tana nan. Na tsaya tafinta a ɗaurin aure da dama, kuma na ga takardar dillali da aka gano hatiminta na jabu ne, ango ya rasa auren ya rasa izinin zama. Ka yi sa'a ne, ita kuma sa'a ba a ba wa yaro ita a matsayin shawara.

Hajiya Umma: Tunda an ambaci dillalai, bari in faɗi abin da ke ci mini rai. Wasu daga cikin masu sayen takardar rashin aure suna da mata da 'ya'ya a gida. Mijin 'yar ƙanwata haka ya yi, ya rantse a rubuce cewa bai taɓa aure ba, alhali tana ɗakinsa da yara uku. Dokar Turkiyya ta haramta mace fiye da ɗaya, laifi ne mai hukuncin ɗauri, kuma auren na biyu kotu na iya soke shi. Ya zalunci ta gida, ya yaudari ta waje.

Abu Safwan: Hajiya, a yi mana adalci, addini ya halatta masa ƙari.

Hajiya Umma: Bai halatta masa rantsuwar ƙarya ba, Malam. Kuma yanzu da yake jiran shekara uku su cika ya nemi zama ɗan ƙasa ta hanyar auren, ko waya ya daina yi wa yaransa, don kada amaryar ta ji.

Ɗalibin Injiniya: Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Maganar liman na ajiye ta har sai an yi rajista. Amma har yanzu ina neman wanda ya taɓa wakilta ɗan'uwansa a gida: shin an karɓi rantsuwar da wani ya yi a madadinsa, ko dole sai mai auren ya tsaya da kansa?

Maman Yasmin: Hajiya, ita 'yar ƙanwar taki tana da takardar aurenta ta gida? Idan tana da ita, ta adana ta sosai, ta nemi lauya kafin shekara ukun su cika.