Dodannin tsofaffin fina-finan Japon: tatsuniya ce ko ƙagen 'yan sinima?

Ɗan Ader, Tawa:
Salamu alaikum 'yan uwa. An turo min wani tsohon fim na Japon a waya, ciki akwai wata lema mai ido guda da ƙafa guda tana tsalle harshe waje, ga kuma wata mace da wuyanta ke miƙewa kamar ba zai ƙare ba. Don Allah waɗannan daga tatsuniyoyinsu suke ko masu fim ne suka ƙago su irin Godzilla?

Malam na Yamai:
Wa alaikumus salam ɗan uwa. Godzilla kam ƙage ne na 1954, amma waɗanda ka gani sun girmi sinima nesa ba kusa ba, yokai ake ce musu, wato dodannin tatsuniyoyinsu, lemar sunanta kasa-obake, mai dogon wuyan kuma rokurokubi. Da alama fim ɗin kamfanin Daiei ne na 1968, wanda suka gina kan wata tsohuwar al'ada, a kunna kyandir 100 cikin dare, duk wanda ya ba da labarin tsoro a kashe guda, in na ƙarshe ya mutu sai a ce dodo zai bayyana. Kuma babu ordinatar lokacin, mutane ne cikin kaya da 'yar tsana ana jan ta da zare, wallahi ni ya fi shiga raina bisa na yanzu.

Maman Biyu:
Malam ka bar babba, fim ɗin Kwaidan na Masaki Kobayashi, 1964, da ya samu kyauta a bikin fina-finai na Cannes a 1965. A cikinsa matar dusar ƙanƙara, yuki-onna, ta kashe tsohon mai saran itace ta ƙyale saurayin bisa sharaɗin kada ya faɗa wa kowa, daga baya ta dawo a siffar mutum ya aure ta bai sani ba har suka haihu. Ranar da bakinsa ya kuɓuce, darajar 'ya'yan kawai ta hana ta kashe shi, ta tafi ta bar su. Nan ne na yi hawaye gaskiya. Ku lura da sararin sama, fenti ne da hannu har da idanu a ciki.

Ɗan Gamkalle:
Ni kappa ne nawa, shi ne 'yan ruwansu, yana jan yara cikin kogi yadda ake tsoratar da mu da bakin Isa, wato kogin Neja. A tsakar kansa akwai ɗan faranti na ruwa, in ka rusuna masa shi ma dole ya rusuna, ruwan ya zube ƙarfinsa ya ƙare. Kokwamba yake so.

Ɗan Ader, Tawa:
Na gode ƙwarai. Hajiya, Kwaidan ɗin za a iya kallo da yara?

Maman Biyu:
A'a ƙanena, ya haura awa 3 kuma akwai wurin da ake cire wa wani makaho kunnuwa. Ba su na lemar.