Musayar Waƙa a Kan Álvaro Morte: Sa'a Ce ko Gumi?

Sha'irin Damagaram:

Ku matso kusa, 'yan'uwa, ga labari ku jiya,
Na wani ɗan wasan fim daga ƙasar Sifaniya,
Álvaro Morte, Farfesan shirin Money Heist a bakin duniya,
Mai tabarau da gemu, mai sanyin zuciya.

An haife shi a 1975, Fabrairu na shekara,
Aljesiras, bakin teku, nan rayuwa ta fara,
Bujalanse ta lardin Ƙurɗuba, can ya yi wasan yara,
Ya kama karatun injiniya, dandali na ta kira.

Ya bar lissafi, ya koma makarantar wasan kwaikwayo,
A Ƙurɗuba ya sauke a 1999, ya ƙi daina koyo,
Har Tamfere ta ƙasar Finlan ya je ya ƙaro wayo,
Ya sauka Madrid neman aiki, sa'a ta ƙi ta biyo.

To ga fage, ku faɗa mini abin da ya ɗaga shi.

Ɗan Fagge:

Malam, a gafarce ni, sa'a ce ta yi aiki,
A 2017 tashar Antena 3 ta sa La Casa de Papel, shirin mamaki,
Kafin a kai ƙarshe 'yan kallo sun fara janye jiki,
Sai Netflix ta saye shi, ta kai shi kowane ɗaki.

Mu nan Money Heist muka sani, a waya muke turawa,
Jan kaya da fuskar Dalí, duk gari ana yayatawa,
A 2018 shirin ya ci kyautar Emmy, sunan sai ƙara hawa,
Da ya tsaya a Sifaniya, ko fuskarsa ba ma ganewa,
Mai shekara 42, ai ranarsa ta kusa faɗuwa.

Inna Mai Baiti:

Ɗana, sa'a takan zo, amma wa take tararwa?
Wanda ta samu a bakin aiki, shi ne take ɗagawa.
Tun 2002 a talabijin ake ba shi 'yar fitowa,
A Hospital Central ya soma, ba suna, ba yabawa.

A El Secreto de Puente Viejo aka ba shi rigar likita,
2014 har 2017, shirin kullum ne, ba a sassauta,
Yau ka haddace shafuka, gobe wasu za ka karanta,
Nan harshe ya goge, nan ƙwarewa ta inganta.

A 2011 aka gano masa ciwon daji a ƙafa,
Ta hagu ce, cutar da ke sa namiji ya jiƙe da zufa,
Ya yi jinya ya warke, bai yar da sana'ar ba fa,
A 2012 ƙungiyar dandali, 300 Pistolas, ya kafa.

Farfesan ma bai samu a ɓagas ba, ɗana ka ji,
Sau biyar ana kiransa ya zo ya sake gwaji.

Malam Mai Carbi:

Hajiya, baitinki da daɗi, sai dai ina da tambaya,
Farfesan nan fa ɗan fashi ne, mu faɗi gaskiya,
Ya tsare bayin Allah a gidan buga kuɗi gaba ɗaya,
Mu da garkuwa da mutane ta hana mu bin hanya,
Da wane baki za mu yaba, yara na ji a baya?

Sha'irin Damagaram:

Baba, zancenka da nauyi, na ɗora shi a bisa,
Fashi fashi ne, ko an yi masa ado a wasa,
Sergio Marquina, Farfesan labari, shi za a kama da laifinsa,
Wanda muke wa waƙa ɗan wasa ne da guminsa.

Ni abin da ya kama ni, tura tabarau da yatsa,
Magana a hankali, tsoro na leƙowa daga idonsa,
Gaban Raquel 'yar sanda mai kunya ne, yana sarƙe harshensa,
Ya koma maɓoya, yana ba da umarni ta wayarsa,
Fuska biyu a jiki ɗaya, nan na ga gwanintarsa.

Malam Mai Carbi:

Na ji bambancin, Malam, na kuma yarda da rabi,
Amma yaro ba ya rabewa, rigar da ya gani zai bi.

'Yar Zariya:

Yayyena, ni tsorona daban ne game da shi,
Shirin ya ƙare a 2021, Farfesa ya ƙi sakin shi,
Ya fito Logain a The Wheel of Time, da Turanci a bakinshi,
Ya sa rigar limamin coci a Immaculate, Farfesa dai ake kiran shi.

Ku nemi Sin Límites na 2022, can ya sauya kama,
Ya zama Elcano, matuƙin jirgin ruwa mai fama,
Jirage biyar suka tashi a 1519, iska na ba su dama,
Jagoransu Magellan ya mutu a Filifin, Elcano ne ya gama.

Jirgi ɗaya da mutum 18 suka iso gida a 1522,
Zagayen duniya na farko, da ƙyar da yunwa suka rayu.
Ba tabarau a nan, ba allo, ba waya a hannu,
Ku kalla tukuna, sannan ku yanke hukunci a sannu.

Ɗan Fagge:

Inna, na karɓi gwaji biyar da jinya da haƙuri,
Amma 'yan wasa nawa ne a Madrid masu irin ƙoƙari,
Da suka tsufa a shirin rana, ba wanda ya ji labari?
Ina nan a kan sa'a. Elcano kuwa zan kalla a jeri,
In Farfesa na gani a jirgin, Anti, ki tanadi amsa da wuri.