Wai me ya faru da 'yan kwallon kwandon Latbiya na 1935?

Sadiq_Fagge:
Salam jama'a. Jiya muna hira a majalisa kan Porzingis, wannan dogon ɗan wasan na NBA (gasar ƙwallon kwando ta Amurka), sai wani ya ce ai ƙasarsu Latbiya ce ta fara cin kofin Turai a ƙwallon kwando, kuma wai yaƙin duniya na biyu ya cinye wasu daga cikin 'yan wasan. Ni dai na ɗauka zuƙi ta malle ce. Akwai wanda ya san labarin?

Malam_Habu:
Wa alaikumus salam. Ba zuƙi ba ne ɗan uwa. A watan Mayun 1935 aka yi gasar farko a Janeba ta ƙasar Suwizalan, ƙasashe 10 ne kacal, Latbiya ta doke Hangari da masu masaukin baƙi sannan ta ci Sifaniya 24 da 18 a wasan ƙarshe. Ka ji maki, yanzu ai kwata ɗaya ya fi haka. Wanda abokinka yake nufi ina jin Aleksejs Anufrijevs ne, haifaffen Riga (sunan babban birninsu kenan, ba ta sawa ba) a 1911. Yana da shekara 24 ya ɗaga kofi, bayan shekara goma sojojin Sobiyet suka ɗauke shi aikin soja, a 1945 ya mutu ana dab da gama yaƙin, ko shekara 35 bai cika ba.

Ummu_Hanifa:
Allah sarki. To Malam ya aka yi ɗan Latbiya ya mutu cikin kakin Rasha? Su ba su da nasu sojan ne?

Malam_Habu:
Hajiya ai nan gizo ke saƙar. Ƙasar ce aka yi ta miƙa ta hannu zuwa hannu, Sobiyet ta mamaye su a Yunin 1940 ta rusa gwamnatinsu da sojansu, Jamus ta kore ta a 1941, daga 1943 ita ma ta fara kwasar samari tana sa musu nata kakin, sai kuma a Oktoban 1944 Sobiyet ta dawo ta karɓe Riga ta kwashi waɗanda suka rage ta tura su fagen daga, galibi yankin Kurland da ke yammacin Latbiya inda Jamusawa suka maƙale har Mayun 1945. Ka ga kenan wanda kuke atisaye tare jiya zai iya zama a ɗaya ramin yana saita ka da bindiga, kuma babu wanda aka tambayi ra'ayinsa.

Dan_Zinder:
Ni abin da ya fi taɓa ni kyaftin ɗinsu ne, Rudolfs Jurcins. Shi ya tsira daga harsashi, amma aka kama shi bayan yaƙi, ya mutu a sansanin gwale-gwale cikin Rasha a 1948. Martins Grundmanis shi ma bai ga ƙarshen 1944 ba. Kocinsu Baumanis kuwa gudun hijira ya yi, a Amurka ya ƙare rayuwarsa, ɗan wasa Lidmanis kuma a Ostareliya. Su takwas ne fa 'yan wasan gaba ɗaya.

Sadiq_Fagge:
Kai! Na gode ƙwarai. Anjima zan je majalisa in ba mutumin haƙuri, don jiya har shayi na sa shi ya saya wai ya yi mana ƙarya.