Zare: wace kalmar Hausa ce ta dace da working class?

1/ Assalamu alaikum malamai, masu fassara da ɗaliban tarihi. Duk wanda ya zauna zai rubuta tarihin Ingila na zamanin da masana'antu suka fara tasowa, daga wajen 1770 zuwa 1850, ya san inda alƙalami yake cijewa. A rediyo ka ji "ma'aikata", a jarida ka ga "talakawa", ɗalibi kuma ya rubuta "ajin ma'aikata". Shawarata ita ce mu tsaya a kan "sahun 'yan ƙwadago". Ku yi haƙuri ku bi ni, sai mun ga mutanen tukuna za mu auna sunan.

2/ Kafin injuna, a gida ake kaɗi da saƙa a Lancashire da Yorkshire. Ɗan kasuwa ya kawo zare, maigida ya hau masaƙarsa, mata da yara su taya shi, ƙarshen mako a biya shi gwargwadon abin da ya saƙa. Ba ya cikin wadata, amma lokacinsa a hannunsa yake. Masu saƙa da masu ɗinkin takalma da maƙera da yawa ba sa taɓa aiki ranar Litinin, har suka raɗa mata suna Waliyyi Litinin. Ranar hutu ce, ta gidan giya, ta zakarun faɗa, ta ziyara. Daga Alhamis zuwa Asabar kuma sai a duƙufa har tsakar dare a cike gurbin.

3/ A 1771 Richard Arkwright ya gina masana'antar kaɗi a Cromford, ruwan rafi ke juya injunanta. Da injin tururi ya samu karɓuwa, sai masana'antu suka bar bakin rafi suka cika garuruwa irin su Mancesta. Nan rayuwa ta juya. Ƙararrawa ce ke kiran mutum tun asuba, in ya makara a rufe ƙofa ko a yanke masa tara. Agogo kuwa ba kowa ke da shi ba, har aka samu wata sabuwar sana'a: mutum ya ɗauki doguwar sanda yana bin layi cikin duhu, yana ƙwanƙwasa tagogin bene ɗaya bayan ɗaya, ana ba shi 'yan kwabbai a mako don ya tashi mutane.

A ciki, yarinya ce ke bin injin kaɗi tana ƙulla zaren da ya tsinke, ƙanenta kuma yana rarrafe a ƙarƙashin injin yana tsince auduga alhali injin na tafiya. A 1833 doka ta hana ɗaukar yaron da bai kai shekara 9 ba a masana'antun tufafi, ta kuma taƙaita aikin 'yan shekara 9 zuwa 13. Sai a 1842 aka hana sa mata da yara maza 'yan ƙasa da shekara 10 aiki a cikin ramin kwal.

4/ Abin lura shi ne abin da mutum yake sayarwa ya sauya. A da, yadin da ya saƙa yake kaiwa. Yanzu wuninsa da ƙarfinsa yake kaiwa, injin na wani, ginin na wani, audugar ta wani. Duk kalmar da za mu zaɓa dole ta ɗauki wannan.

5/ To, "talakawa". Ina son kalmar nan, kuma na san nauyinta. Da ita NEPU ta yi magana tun kafuwarta a 1950, sanarwar Sawaba ta faɗa ƙarara cewa akwai gwagwarmaya tsakanin masu riƙe da mulkin En'e da talakawa, Malam Aminu Kano kuma ya ƙare rayuwarsa a kan wannan kalma. Babu wata kalmar Hausa da ta kai ta zafi a siyasa.

Amma kishiyar talaka ita ce basarake, daga baya kuma mai kuɗi. Manomin da ke noma gonar gadonsa talaka ne. Mai tebur a bakin kasuwa talaka ne, mai rini a Ƙofar Mata da marinarsa talaka ne, almajiri ma haka. Kalmar tana faɗa maka wanda ake mulka, ko wanda ba shi da shi. Ba ta faɗa maka yadda yake samun abincinsa. In muka kira masu aikin Mancesta talakawa kawai, mai karatu zai ga matalautan da ya saba gani a ko'ina a kowane zamani, sabon abin da ya faru a can ya ɓace masa. Ga shi kuma wasu cikinsu ba matalauta ba ne. Ƙwararren mai tuƙa injin kaɗi yana samun abin da ya fi na masu ƙaramin shago da yawa, amma ranar da aka rufe masa ƙofa ba shi da tudun dafawa.

6/ "Ma'aikata" daidai take a ƙamus, kunne ne yake kai ta wani wuri. Ka ce wa Bahaushe wane ma'aikaci ne, ofis zai hango, da albashin wata, da fansho. Babban sakatare ma ma'aikaci ne. "Leburori" ta yi ƙasa da yawa, tana ɗauke da raini, kuma ta bar ƙwararru a waje. "Barori" ba ta shigo ba sam, domin bara na cikin gidan ubangidansa, yana cin tuwonsa, akwai kunya da alfarma tsakaninsu. Mai masana'anta bai san sunan yawancin masu yi masa aiki ba.

7/ Sai "ƙwadago". Asalinta a gona take: wanda ya saɓa fartanya ya je gonar wani, a yi jinga ko a yi kuɗin wuni, ya yi aiki a sallame shi. Ba bawa ba ne, ba bara ba ne, ba aikin gayya yake yi ba. Ƙarfinsa ya kai kasuwa. Ma'anar da muke nema ke nan, a kwance cikin harshen tun kafin Turawa su zo. Kuma ta riga ta shiga birni da ƙafarta: muna cewa ƙungiyar ƙwadago, ministan ƙwadago, dokar ƙwadago, babu mai tambayar abin da ake nufi.

Wani zai ce ai warin gona take yi. Ni wannan ƙarin armashi na ɗauke shi. A 1833 wasu mutum shida a ƙauyen Tolpuddle na yankin Dorset, masu aiki a gonakin wasu, suka kafa ƙungiya saboda ana ta zaftare musu lada, daga sule tara a mako ya koma bakwai, ana shirin mai da shi shida. A 1834 aka kama su da laifin yin rantsuwar asiri, aka yanke musu shekara bakwai a Ostareliya. Jama'a suka yi ca, aka yi gangami a Landan, aka yi musu afuwa a 1836. Har yau ƙungiyoyin ƙwadagon Birtaniya suna taruwa a ƙauyen duk shekara. Waɗannan 'yan ƙwadago ne a ma'anar da kakanninmu suka sani, kuma ana lissafa su cikin tushen tarihin. Kalmar da ta haɗa mai fartanya da mai injin ita muke buƙata.

8/ Rabin farko ya samu. Rabi na biyu, wato class, ya fi wuya. "Aji" na makaranta ne, "ajin ma'aikata" ɗakin yaƙi da jahilci yake kawowa a zuciya. "Rukuni" na mai ƙidaya ne, shi ke zuba mutane a ciki ba tare da saninsu ba. Wani malami ya kawo "ɗabaƙa", kuma ta yi kyau ga wanda ya yi karatun zaure, sai dai bayan ƙofar makaranta kaɗan ne za su gane ta.

"Sahu" kuwa muna amfani da ita a wannan ma'ana kullum ba mu lura ba. Wane ya shiga sahun attajirai. Ƙasa kaza ta shiga sahun masu arzikin mai. Ga kuma abin da ya fi ja na: sahu ba ya samuwa sai mutane sun miƙe sun jeru, kafaɗa da kafaɗa, kamar yadda muke yi a masallaci. Mutum dubu a warwatse a fili ba sahu ba ne.

9/ Tarihin ma haka ya tafi. Injin ya tara mutane wuri ɗaya, amma su suka jera kansu, kuma sun daɗe suna yi. Sun kafa ƙungiyoyin taimakon juna, kowa ya zuba kwabo a asusu don jinya da jana'iza. Sun yi taron asiri lokacin da dokokin 1799 da 1800 suka haramta haɗa kai don neman ƙarin lada, har aka soke su a 1824. Mai iya karatu ya karanta wa sauran jarida da ƙarfi.

Ranar 16 ga Agusta 1819, wadda Litinin ce, ranar hutun masu saƙa, mutum wajen 60,000 suka taru a filin St Peter's a Mancesta suna neman wakilci, domin duk girman garin ba shi da ɗan majalisa nasa. Daga ƙauyuka suka taho a jere, da tutoci da makaɗa, cikin kayansu na zuwa coci, mata da yara a ciki. Sun yi makonni suna koyon tafiya cikin tsari don kada a ce musu 'yan tarzoma. Mahaya dawakai suka afka musu da takubba. Aƙalla mutum 15 suka mutu, ɗaruruwa suka ji rauni. Shi ne kisan Peterloo. Da aka gyara dokar zaɓe a 1832, masu dukiya matsakaita suka samu ƙuri'a, waɗanda suka zubar da jini aka bar su a waje. Daga nan suka ƙara gane cewa su daban ne, kuma daga wannan takaicin yunƙurin Chartist, na neman ƙuri'a ga waɗanda aka bari a waje, ya fito da takardar buƙatunsa a 1838.

10/ Addini yana tsakiyar wannan jeruwa, kuma a nan nake ganin masu rubutu suna yi masa rashin adalci ta ɓangare biyu. A 1739 George Whitefield, sannan John Wesley, suka fita fili suna wa'azi ga mahaƙan kwal na Kingswood kusa da Bristol, mutanen da cocin gwamnati bai damu da su ba. Whitefield ya ba da labarin yadda hawaye ya riƙa tsaga farin layi a kumatunsu da ƙurar kwal ta baƙanta. Daga irin wannan wa'azi ɗarikar Methodist ta bazu a garuruwan ma'adinai da na saƙa. Bayan taron dutsen Mow Cop na 1807 wani reshe ya ɓalle, na su Hugh Bourne da William Clowes, wanda masu wa'azinsa da yawa talakawa ne masu aikin hannu, har da mata.

Gaskiya ne shugabannin ɗarikar sun hori mabiya da biyayya ga hukuma, sun yaƙi giya da caca da wasannin gargajiya, kuma mai masana'anta ya ji daɗin samun mutum mai zuwa a kan lokaci, wanda ba ya bikin Waliyyi Litinin. A 1835 doka ta haramta wasan sakar wa bijimi karnuka. Amma a makarantar Lahadi ɗan mahaƙi ya koyi karatu. A ƙaramin cocin unguwa ubansa ya koyi tsayawa gaban jama'a ya yi magana, ya riƙe littafin kuɗi, ya shugabanci zama. George Loveless, jagoran mutanen Tolpuddle, mai wa'azin Methodist ne. Wanda ya ce addini ya kwantar da su kawai bai duba da kyau ba, haka ma wanda ya ce shi kaɗai ya tashe su.

11/ Masu fassara, ga wani rami a nan. Tun 1742 'yan Methodist suna kasa mabiya ƙungiya-ƙungiya, mutum kamar goma sha biyu, da jagora mai karɓar kwabo ɗaya a mako yana tambayar kowa halin imaninsa. Da Turanci kalma ɗaya, class, ake kiran wannan da wadda muke nema. Kada a sa mata "sahu". "Da'ira" ta fi dacewa da ita. 'Yan Chartist ma sun ari wannan tsari a 1840, suka kasa mutanensu goma-goma.

12/ Akwai tambaya mai ƙarfi da ba zan tsallake ba: masu sana'ar hannu fa? 'Yan Luddite da suka farfasa injuna daga 1811 a Nottinghamshire da Yorkshire da Lancashire yawancinsu ba cikin manyan masana'antu suke ba. Masu saƙar safa ne, da masu gyaran ulu da manyan almakasai, da masu saƙar hannu, masu alfahari da sana'arsu. A 1812 aka mai da fasa injin laifin kisa, a Janairun 1813 aka rataye wasu a York. Da za a ce wa ɗayansu ɗan ƙwadago, ƙila ransa ya ɓaci. Amma zaren ba nasa ba ne, sau da yawa injin safar ma haya yake biya, farashi kuma wani ke yankewa. Yana kan gangara ne zuwa ƙwadago, faɗan da yake yi na ƙin gangarawa ne. A rubutu sai a ce masu sana'ar hannu da ake turawa cikin sahun 'yan ƙwadago, kuma "sahu" ta ba mu damar faɗin haka, tunda ana shigarsa, ana tura mutum cikinsa, ana fita daga shi.

13/ A gida ma tana aiki, inda ya dace. Mahaƙan kuza a Jos, ma'aikatan jirgin ƙasa da suka yi yajin aikin gama-gari na 1945, masu aikin masaƙar Kaduna da aka buɗe a Kakuri a 1957 tare da wani kamfanin Lancashire, duk ana iya cewa da su sahun 'yan ƙwadago ya kafu a ƙasar nan. Amma kada a ja ta baya a ɗora wa Kano ta ƙarni na 19. Can akwai bayi, da barori, da masu sana'a, da manoma, da fatake, kowa da sunansa, kuma "talakawa" ce ke da gidan.

14/ Yadda za ta zauna a jimla: mutum ɗaya ɗan ƙwadago, mace 'yar ƙwadago, jam'i 'yan ƙwadago, ya haɗa maza da mata da yara. In ana nufin su a matsayin ɓangare na al'umma, sai a ce sahun 'yan ƙwadago. In kalmar siffa ce, a jefar da "sahu": unguwar 'yan ƙwadago, waƙoƙin 'yan ƙwadago, cocin 'yan ƙwadago. Kishiyarsa sahun masu jari. Ku gwada ta a wannan: "Dokar 1832 ta ba masu dukiya ƙuri'a, ta bar sahun 'yan ƙwadago a bakin ƙofa." Malamanmu na sassan Hausa da na gidajen rediyo, ku sa ta a bakinku ku ji, wanda ya ga inda ta yi tuntuɓe ya kawo jimlar mu duba tare.