Saita Kebul ɗin Giya: Abin da Makanikai Suka Yi Ittifaƙi a Kai

Kafin ka taɓa ko da noti ɗaya, duba bushin robar da ke bakin kowane kebul. Idan ya ci ko ya tsage, saiti ba zai kama ba, sauya shi tukuna.

A mota mai giyar hannu da ke aiki da kebul, kebul biyu ne. Ɗaya na kai motsin sandar giya na hagu da dama zuwa akwatin giya, ɗayan na gaba da baya. Idan giya ta 1 da ta 2 ke wuyar samuwa, ko ribas ta ɓace, zargi na farkon. Idan giya na shiga rabi tana fita da kanta, duba na biyun.

Kashe injin, ja birkin hannu, sa giya a firi. Saki makullin kebul ɗin biyu, wato abin da ke riƙe tsawon kowane kebul. Kafe sandar da fil a ramin saitinta, a wasu motocin bakin dirili mai milimita 5 ya isa, sannan ka kafe hannun akwatin giya, wato ƙarfen da kebul ɗin ke ja. Maida makullan ba tare da ka ja kebul ko ka tura shi ba. Nan ne mafi yawa ke ɓata aikin. Kar ka manta cire fil!

Gwada kowace giya injin a kashe, sannan a kunne. In duk giyoyin ba sa ƙara sai an kunna injin, mai yiwuwa matsalar kuloci ce.